Idon Inna a Bangon Sito

Ni ɗan fari ne, kuma duk wanda ya tashi a cikin birnin Katsina ya san abin da hakan ke nufi a gidaje irin namu. Mahaifiyata ba ta taɓa kiran sunana ba. Abin ma biyu ya haɗu mata, don sunan surukinta aka raɗa mini, wato kakana na wajen uba, ko da babu kunyar ɗan fari sunan ya fi ƙarfin bakinta. In maganata ta kama sai ta ce "wancan", in da ƙannena take sai ta ce "yayanku". Ana yaye ni aka miƙa ni ɗakin goggona, can na girma, tsakar gida ɗaya da uwar da ta haife ni amma kamar ɗan maƙwabta. Inna kowa ke ce mata a gidanmu na Ƙofar Guga, ni ma na bi bakin mutane.

Maganar suna ba ta taɓa damuna ba. Ido ne ya tsaya mini a rai. Inna ba ta kallona. In na durƙusa ina gaishe ta, sai ta karkatar da kai dama ta amsa wa bango, ko tabarma, ko wata kaza da ta zo wucewa. Kullum dama, ba ta taɓa sauyawa ba. Saboda haka ɓangaren hagu na fuskarta na san shi kamar yunwar cikina, har da hujin kunnen da nauyin ɗan kunne ya ja ya yi tsawo. Ɗaya ɓangaren kuwa sai dai in hango daga nesa tana magana da wani, kuma da ta ji motsina shi ke nan.

Kada wani ya ɗauka ƙararta nake kawowa. Tsokar da ta fi kowace girma a tukunya ɗakin goggo take zuwa, a ce wai mantawa aka yi da ita. Lokacin da ƙyanda ta kwantar da ni, goggo ta ce Inna ko leƙowa ba ta yi ba, amma ni na warke na murmure, ita ce aka daɗe ana tambayar me ya ramar da ita. Na san wannan duka, sanin ne bai taɓa ƙosar da ni ba. Na yi karatu, na zama malamin tarihi a makarantar sakandare, na yi aure na koma Kambarawa, furfura ta fara cin gemuna, amma in na tarar da autarmu ta jingina da Inna suna kallon juna suna dariya, sai in kawar da kai in wuce. Ni kuwa 'yata ta fari da sunanta nake kiran ta, har a kafaɗa na riƙa yawo da ita. Da labari ya kai wa Inna, ce wa auta ta yi, "Yayanku dai ba shi da ta ido."

Autar ce ta kawo mini maganar asibiti. Mace ce babba da 'ya'yanta, amma har gobe ita ce 'yar aike tsakanina da Inna. Ta ce likita ya duba Inna ya ce hawan jinin ido ne, ba a warkar da shi, sai dai a rage masa gudu da maganin ɗigawa. Na ce Allah Ya sawwaƙe, na sayo maganin, na hau babur na kama hanyar gida. Ina tsakiyar titi abin ya faɗo mini: idon nan zai rufe bai taɓa sauka a kaina ba.

Daga ranar zama ya gagare ni. In ina aji, sai in tsinci kaina ina kai da kawo gaban allo har ɗalibai su fara bin ƙafata da kallo. Safe da yamma ina Ƙofar Guga da dalilin ƙarya, yau na kawo lemo, gobe na zo duba famfon da lafiyarsa lau. Na gwada zama a bakin ƙofa, na gwada zama a gabanta sosai kamar mai neman gafara, na gwada miƙa mata abu hannu da hannu. Inna ta fi ni daɗewa a duniya. Duk inda na zauna akwai abin kallo a damarta.

Ana cikin haka masu fim suka sauka a gari. An ce za a yi babban biki na tunawa da tarihin birnin, kuma fim ɗin shi ne zai zama kan gaba. Shugaban makarantarmu ya ba da ni a matsayin mai yi musu jagora, in nema musu iso gidajen mutane, in gaya musu inda ake shiga da inda ba a shiga. Daraktar mace ce, 'yar mutanen Filato, a nan aka haife ta lokacin mahaifinta na aikin gwamnati, suka tashi tana ƙarama, ta yi karatu a ƙasar waje ta dawo da Hausar yarinta a bakinta. Mai kyamararta ɗan Legas ne, dogo, ba ya jin komai sai "sannu" da "ina gajiya". Bayansu kuma motoci cike da wayoyi da fitilu da matasan gari da aka ɗauka aiki.

Fim ɗin kansa ya sha mini kai. Babu jarumi, babu bos, babu waƙa da rawa, babu ma labari. Wani tsohon siton gyaɗa suka samu, suka share, suka shafe bangonsa huɗu da farin fenti. Nan za a haska, ta ko'ina a lokaci guda, mutum ya tsaya a tsakiya yana juyi. Ƙofa-ƙofa za a bi birnin, a ɗauki tsofaffin kowace unguwa, kowa ya zauna ya kalli kyamara shiru na ɗan lokaci, a ƙarƙashi kuma a sa sautin unguwar: daka, guduma a maƙera, kiran salla, hon ɗin 'yan keke, cinikin hatsi. Na yi mata gardama iya ƙarfina. Na ce ina sarakuna, ina malaman da suka sa aka san garin nan har ƙetaren sahara, ina hasumiyar Gobarau? Ta ce hasumiya za ta fito, ganuwa za ta fito, sauran kuma in rubuta a littafi, ita fuskokin da suka ga garin take nema. Na yi tsaki a raina na ce wannan ai kallon-kallo ne da kuɗin jama'a. Masu shayi ma haka suka yanke, suka ce majigin da aka yi da can ya fi wannan ma'ana.

Tana da wata dabara da take ji da ita. Ba ta barin mutum ya kalli baƙin gilashi haka kawai, don ta ce in an yi haka fuska bushewa take kamar hoton katin zaɓe. Sai ta nemo wanda mutumin ya fi so a duniya ta tsayar da shi a bayan kyamara, kansa dab da idonta, ta ce a kalle shi. Kuma abin yana ci. Na ga wani tsohon mahauci da ko a kasuwa ba a cika ganin haƙoransa ba, aka tsayar masa da jikarsa, fuskar nan ta narke har na kawar da kai. Na ga wata tsohuwar malamar asibiti, mutuniyar kudancin Kaduna da ta tsufa a garin nan, mijinta ya tsaya mata da sandarsa, suka yi ta kallon juna har mai kyamara ya manta bai kashe ba. Gida-gida nake bi ina kallon mutane suna kallon waɗanda suke so. In na koma Kambarawa abinci ba ya shiga, in zauna in tashi, in fita ƙofar gida in dawo, har maiɗakina ta ce ko in zauna ko in fita gaba ɗaya, na ishe ta da jan takalmi.

Da aka zo kan Ƙofar Guga, ba ni na kawo sunan Inna ba, mutanen unguwa ne. Bayan gidanmu akwai guntun ganuwa da ya rage, kuma Inna a gindinta aka haife ta, a gindinta aka aurar da ita gida uku tsakani. Ta san lokacin da awaki ke hawa kanta su yi kiwo, ta san ramukan da 'yan mata ke ɓoye kayan wasa, ta ga yadda aka riƙa yankar ƙasarta da kwando ana gini har ta koma abin da ta koma. Da auta ta kai mata maganar, cewa ta yi, "Hoto da tsuhwana? Mi za a gani?" Sai da aka ce a gaban ganuwar za a zaunar da ita sannan ta ce in dai don ganuwar ce a zo.

Daraktar ta dube ni tana murna ta ce, "Malam, wannan kam ba sai mun nemi kowa ba. Kai za ka tsaya mata."

Na buɗe baki in yi mata bayani, na mayar na rufe. Na san al'adar, a cikinta aka yaye ni. Amma wani lissafi ya shiga kaina: Inna na da kunyar baƙi, ba ta iya ce wa baƙo a'a, balle mace da ta durƙusa ta kira ta Mama. Idan kunyar baƙo ta yi karo da kunyar ɗa, wa ya sani, wataƙila a ɗaga mini kai ko sau ɗaya. Ranar ɗaukar hoton na fito da sabuwar shadda da hular da nake ajiya don ɗaurin aure. Maiɗakina ta bi ni da kallo ta ce, "Zance za ka ne da hantsin nan?" Ko karyawa ban tsaya yi ba.

Auta ta shirya Inna tsaf, atamfa mai duhu, farin mayafi, ta zizara mata kwalli. Aka aje mata kujera a gaban ganuwa, aka kafa kyamara, aka ɗaga abin ɗaukar magana a kan doguwar sanda, wani ya riƙe farin faifai yana mayar mata da hasken rana. Matan maƙwabta suka cika bakin ƙofofi da kan katanga. Aka tsayar da ni inda ake tsayar da jikoki da mazaje, kuncina har yana taɓa ƙarfen kyamarar.

"Mama, ki dubi nan," in ji daraktar.

"To, ɗiyata."

Ta karkatar da kai dama.

Aka ce hasken ne ya yi mata yawa, aka kawo rumfa. Aka ce kujerar ce, aka juya ta. Inna ta bi juyin ta samo wata tunkiya a damarta ta zuba mata ido. Mai kyamara ya yi ta yi mini alama da hannu, wai in yi magana, in ba ta dariya. Na ce, "Inna, an ce ki dubo nan." Ta ce wa tunkiyar, "Na ji." Matan da ke kan katanga suka fara toshe baki da mayafi. Daraktar ta rasa gane me ke faruwa, ta ga tsohuwa mai fara'a da ta tarbe ta da fura ɗazu ta koma dutse. Sai ta yanke cewa tsoron na'ura ne, ta ce, "Malam, ka matsa kusa, ka riƙe mata hannu tukuna ta saki jiki." Wata daga cikin matan ta saki salati da ƙarfi, sauran suka fashe. Auta ma ta fara dariya, ta dubi fuskata ta haɗiye.

A nan ne na lura da hannun Inna. Ta damƙe bakin mayafinta, gumi na bin gefen wuyanta yana shiga riga. Tsohuwa ce mai ciwon ido aka zaunar gaban unguwa, baƙuwa na roƙonta, ɗanta na tsaye a kanta, ta rasa wanda za ta ɓata wa. Tausayinta ya kama ni, haushinta ma ya kama ni, duka a lokaci guda.

Na ce wa daraktar, "Ba na'urar ba ce, ni ne. Ni ne ɗanta na fari. In ina nan har la'asar ba za ta duba ba."

Ta dafe goshi. Ta ce ta tuna, suna da maƙwabciya tana yarinya da ba ta taɓa kiran babban ɗanta ba, ita kuma ta ɗauka ba ta son sa ne. Ta fara ba ni haƙuri, ban tsaya ji ba. Na ratsa ta cikin gida na fita titi.

Tsakanin ƙofar gidanmu da rumfar mai faci na yi ta zarya da sabuwar shaddata, rana na dukana. Mai facin ya yi mini tayin benci, na ƙi. Raina ya ɓaci ƙwarai, kuma ba zan ɓoye ba. Na ji haushin wanda ya fara ƙirƙiro wannan kunya, na ji haushin goggo da ke kabari don ta karɓe ni, na ji haushin tunkiyar. Abin da ya fi ci mini rai, na san a daidai lokacin Inna na can ta ɗaga kai tana kallon baƙin gilashi, ɗan Legas da bai san ta ba yana ganin abin da ni ban taɓa gani ba.

Da suka fito na tare daraktar na ce ta nuna mini. Ta ce dokarta ce, ba wanda ke gani sai ranar haskawa, ko mutanen da suka ba da aikin. Na tare auta, ta ce an ja mata kunne. Suka kwashe kayansu suka tafi haɗa fim ɗin, aka shiga watanni. A cikin watannin nan na ga Inna ta fara laluben buta da ƙafa. Na ga ta zuba ruwa gefen kofi. Na dami daraktar da waya har na fara jin kunyar kaina, kullum amsa ɗaya: fuskokin sun yi yawa, dole a zubar da wasu, ba ta yi alkawari ba. Na yi rantsuwa na daina kira, washegari na kira.

Ranar haskawa bayan la'asar aka buɗe siton. Inna ta ce ba inda za ta, ita da ko gabanta ba ta gani sosai. An toshe duk wata kafa ta haske, ciki duhu, mutane cike maƙil, manya da 'yan makaranta da masu shayin da suka zo tabbatar da maganarsu. Sai bango huɗu suka kama da wuta lokaci guda. Ganuwa ta kewaye mu, irin yadda take a tsofaffin hotuna, sannan ta narke ta koma titi da shaguna. Ƙarar guduma ta taso ta hagu, daka ya amsa ta dama. Fuskoki suka fara fitowa, kowace daga ƙasa har rufi, kana ganin kowane layi na tsufa. Wani a bayana ya ce, "Wai ina labarin ne?" Wani ya ce, "Kai, ga mahaucin unguwarmu can, ashe shina dariya!" Kafin a yi nisa surutu ya mutu da kansa. Na yarda a ranar cewa matar nan ta san abin da take yi, ko da yake har yau ina nan kan bakana game da sarakuna.

Ni dai ban tsaya wuri ɗaya ba. Ina ta kutsawa tsakanin mutane ina juyi, don ban san ta wane bango za ta fito ba, in ma za ta fito. Aka wuce ƙofa bayan ƙofa. Sai bango uku suka mutu, ɗaya ya rage, guntun ganuwar bayan gidanmu ya bayyana, ga Inna zaune, kai a karkace dama, hannu damƙe da mayafi.

Ba a sa sautin unguwa a nan ba. Abin da aka ɗauka a ranar aka bari. Na ji takun takalmina yana nisa, na ji ƙarar ƙyauren gidanmu. Sai muryar Inna ta cika siton.

"Ya hita?"

"Ya hita, Inna," in ji muryar auta.

"Rana zai tsaya, na san halinshi. Kuma bai karya ba, tun da ya yi sallama na ji a muryarshi."

Aka ɗan yi dariya a cikin duhu. Sai muryar daraktar, a hankali: "Mama, ba zan tsayar miki da kowa ba. Amma ki sani, duk wanda ya tsaya gaban hoton nan ranar da za a nuna, shi kike kallo."

Tunkiyar ta yi kuka daga gefe.

"Har shi?"

"Har shi, Mama."

Inna ta saki bakin mayafin. Ta gyara shi a kafaɗa, ta goge gumin wuyanta, ta fara juyo da kai.

Ni kuma na sunkuyar da nawa.

Wallahi ban yi niyya ba. Wuyana ne ya yi abin da aka koya masa tun ina rarrafe. Ina tsaye a tsakiyar jama'a, ƙato da furfura, ina kallon takalman mutane, na san uwata na can sama da ni tana kallona, na kasa ɗago kai. Wani tsoho kusa da ni ya ja numfashi ya ce, "Allahu akbar." Da na tattaro ƙarfi na ɗago, fuskar wani mai gyaran agogo ce a bangon. Na fito waje na zauna a kan babur na yi wa kaina dariyar da ta ƙare da hawaye. Ashe ɗan Inna ne ni, ba ɗan maƙwabta ba.

Na tambayi auta daga baya ko Inna ta san an bar maganarta a ciki duk gari ya ji. Ta ce daraktar ta aiko da muryar tun kafin a gama, aka kunna mata, ta saurara har ƙarshe ta ce, "A bar shi. Ai ba sunan kowa na kira ba."

Fim ɗin ya yi kwanaki ana nunawa, ni kuma kullum ina can da an tashi daga makaranta. Masu tsaron ƙofa suka daina tambayata. Na gane bangon, na gane wurin tsayawa. Ranar farko da na koma, ƙiftawa ɗaya na iya na sauke kai. Washegari na kai har haɓarta. Sannu a hankali, kamar mai shiga ruwan sanyi, har ranar da na tsaya na kalle ta tun daga juyowa har hoton ya ɗauke.

Idonta ba baƙi ba ne yadda na zata, ruwan ƙasa ne mai haske, irin na 'yata ta fari sak. Na hagun ya riga ya fara dushewa. A girarta ta dama akwai ɗan tabo da ya raba gashin biyu, tabon da duk gidanmu suka sani, har jikoki, ni kaɗai ban taɓa gani ba. Ba ta yi murmushi ba. Ta dube ni ne kawai, sosai, ba ƙiftawa, yadda ake duban wanda aka daɗe ana son a ƙare wa kallo, daga hula har gemu. Can wajen ƙarshe ta taune leɓenta na ƙasa, irin yadda nake yi in ina hana kaina kuka. Ban san a wurinta na gado ba sai ranar.

An gama biki, an kwashe na'urori, siton ya koma ajiyar taki. Daraktar ta turo mini guntun a waya, yana nan, amma ba na buɗe shi a cikin mutane. Ganin Inna kuwa ya ƙarasa tafiya a daminar da ta biyo baya. Yanzu auta ce idonta.

Har yau in na yi sallama ta ji muryata, kai dama take karkatarwa, ita da ba ta ganin bangon balle ni. Wata safiya na gaishe ta daga bakin ƙofa, ta juya kamar kullum. Na cire takalmi na taka a hankali na zagaya, na zauna a kan tabarma ta damarta, daidai inda fuskarta ke kallo. Ga tabon, ga kwallin da auta ba ta fasa sa mata ba. Na riƙe numfashi.

Hancinta ya motsa. Sai ta ɗaga murya ta kira auta da ke tsakar gida.

"Ki gaya ma wancan ya bar yi mani wayo, na ji turarenshi. Kuma ki damo mashi hura."

Ba ta kawar da fuskar ba. Haka muka zauna har furar ta iso.